Rijiya ta bayar, guga ya hana

Ƴan uwa, yau maganar takardar fili zan yi, kuma na san kafin in kai ƙarshe zan ɓata wa ɓangare biyu rai: masu zama biro, da kuma wasu daga cikin namu.

Kawuna tsohon mushen lakkol ne. Shekara talatin da ɗoriya yana shan ƙurar alli. Da ya yi ritaya, ya tattara ɗan abin da aka ba shi, ya haɗa da kuɗin gonar gadonsa da ya sayar, ya sayi parsel a bakin gari don ya bar gidan haya kafin ya mutu. Bai yi cinikin duhu ba. Ya ga takardar asali da sunan mai sayarwa a kai, an rubuta takardar ciniki, shaidu sun sa hannu, an manna tambur, ya biya kuɗin rajista, resi na hannunsa. Abu guda ya rage: a cire sunan wancan a sa nasa. Ya kai dosiye. Ba zan faɗi gari ba, ba zan faɗi biro ba, don ba mutum ɗaya nake nufi ba. Wanda duk ya taɓa bin takardar fili a ƙasar nan ya san bencin da Kawu ya zauna a kai.

Shekarar farko, shef ya yi tafiya. Ta biyu, dosiye na bisa ana nazari. Ta uku, dosiye ya ɓata, sai ya haɗo wani. Wani ɗan kamasho da ke wuni gindin dogon yaro a ƙofar biron ya ja shi gefe ya ce: "Baba, kai ma fa ka sani, mota ba ta tashi babu esansi." Kawu ya ce shi da ya koya wa ɗiyan mutane cewa cin hanci haram ne, ba zai ba da shi da furfura ba. Ya ɗauki lauya. Aka yi ta yi, har ranar da kotu ta ce hana shi da aka yi ba shi da hujja, ta soke. Ranar nan har rago ya so yankawa, muka ce ya dakata tukuna.

Ya ɗauki hukunci ya kai. Ma'aikacin ya karanta tun daga sama har ƙasa, ya miƙo masa da hannu biyu, da ladabinsa, ya ce: "Baba, mun gani, kuma muna girmama shari'a. Amma alƙali ba shi ba mu oda. Ya soke, to ya soku. Sa hannu kuma aikinmu ne, za mu duba."

Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne, mutumin nan bai yi ƙarya duka ba.

Maganar tana da asali, kuma asalinta ba nan ba ne. A Faransa, lokacin juyin juya hali, an yi doka a watan Agusta na 1790 wadda ta hana alƙalai tsoma baki cikin aikin hukumomin mulki. Suna da dalilinsu: manyan kotunan zamanin sarauta sun sha tare wa gwamnati hanya. Daga baya suka kafa wa gwamnati alƙalinta na daban, wanda ake kai ƙarar hukuma gabansa. Shi kuma wannan alƙali ya ɗaure hannun kansa da kansa: zai iya cewa matakin da hukuma ta ɗauka ya saɓa doka, ya soke shi, amma ba zai ce mata "yi kaza" ba. Wannan tarbiyya ce muka gada tare da tambur da kashe da "koma gobe".

Amma ku ji sauran labarin, wanda masu biro ba su cika son faɗi ba. Su Faransawan da suka ɗinka rigar sun ga ta matse su, sun farke ta. A 1980 suka ba alƙalin hukuma ikon ɗora tara ta kowace rana a kan hukumar da ta ƙi aiki da hukunci. A watan Fabrairu na 1995 suka ba shi ikon ba da umarni kai tsaye, ya ce a yi abu kaza kafin rana kaza. Mai riga ya canza riga shekara talatin ke nan. Mu kuwa, ko me aka rubuta cikin dokokin kotunanmu, tsohuwar tarbiyyar ce ke aiki a kan ma'aikata, har ma da alƙalai da dama da ke jin nauyin su rubuta wa hukuma umarni ƙarara. Muna ta maganar ƴancin kai da yar da kayan ƴan mulkin mallaka, to ga wani kaya nan cikin durowa, ba wanda ya taɓa shi.

Yanzu bari in juyo kan namu. Duk lokacin da irin wannan magana ta taso, sai ka ji wani ya ce: "Ai sauƙi ne, duk wanda ya zo da takardar ciniki, alƙali ya tilasta a yi masa rajista, shi ke nan." A'a. Walla ba shi ke nan ba. Wanda ya faɗi haka bai san kasuwar fili ba, ko kuma ya santa fiye da kima.

Takardar ciniki ba ita ce mallaka ba. Tana shaida cewa wane ya karɓi kuɗin wane. Ba ta shaida cewa abin da aka sayar na mai sayarwa ne. Wa bai san babban wa da ya sayar da gonar gado ƙannensa mata na gidan aure ba su sani ba? Wa bai ji fili ɗaya da takarda uku, kowace da shaidunta da tambarinta ba? Akwai wanda zai sayar maka da burtali, da mashayar dabbobi, da filin da aka ware don makaranta ko kasuwa ko maƙabarta, ya rubuta maka takarda mai kyau kamar ta ɗaurin aure. Dokar makiyaya ta 2010 ta sa burtali da makiyaya cikin dukiyar jama'a wadda ba a sayarwa, amma ba ta hana mutane rubuta takarda ba.

Kuma rajistar fili ba wasa ba ce. Tsarin titir fonsiye da muke aiki da shi ya samo tushe daga dokar ƴan mulkin mallaka ta 1932, kuma ƙa'idarsa mai tsauri ce: in aka buɗe wa fili titir, magana ta ƙare. Ba a warware shi. Wanda aka zalunta, ko da gaskiya ta fito daga baya, mafi yawa diyya zai bi, ba filin ba. Saboda haka ake shela, ake kafa borni gaban maƙwabta, ake ba da lokaci mai ja ya fito ya ja. Ma'aikacin da ke riƙe da littafin filaye mai gadi ne, kuma mai gadin da ke buɗe ƙofa ga duk wanda ya ɗaga takarda ba mai gadi ba ne.

Ku ɗauka an ce alƙali na iya tilasta rajista da takardar ciniki kawai. Wa kuke jin zai fara cin moriya? Kawuna? Ina! Mai kuɗi ne zai samo abokinsa su shirya rigimar ƙarya, ɗaya ya kai ɗaya ƙara, wanda aka kai ya ce "na yarda, na sayar", a ba su hukunci cikin wata guda, su je su ɗora wa biro. Marayun da ke da gonar ba su ma san an yi zama ba. Kotu ta zama wurin wanke dattin takardu. Don haka iyaka tana da amfani: alƙali ba zai umarci a yi rajistar abin da ake ja a kansa ba sai an fara raba gardamar mallaka, ba zai umarci a ba mutum dukiyar jama'a ba, ba zai yafe harajin da doka ta sa ba, kuma ba zai yanke wa wanda ba a kira ba. Wannan iyakar ni ina bayanta, ko da ƴan uwana za su ce na koma lauyan gwamnati.

Amma tsakanin wannan da abin da aka yi wa Kawu akwai tafiyar kwana da kwanaki.

Akwai aikin da doka ta bar wa hukuma ta auna, ta ga dama ko ba ta ga ba. Akwai kuma aikin da in sharuɗɗa sun cika, ba ta da zaɓi. Canza suna a takardar da ba mai ja, haraji an biya, mai sayarwa ya amsa, yana cikin na biyu. Ba alfarma ba ce, ba kyautar sallah ba ce. In alƙali ya duba ya ce babu hujjar hanawa, me ya rage a "duba"? Ma'aikacin da ya ce wa Kawu "za mu duba" bai kawo wani sabon dalili ba. Bai ce wani ya fito yana ja ba. Bai ce filin na gwamnati ba ne. Ya fake ne kawai bayan katangar da aka gina don kare marayu, yana amfani da ita don kare aljihu.

Kuma ku lura da dabarar, don a nan ne cutar take. Ba sa cewa a'a. Ba za ka taɓa samun "mun ƙi" a rubuce ba. Sau da yawa ko ƴar takardar shaidar sun karɓi dosiyenka ba za su ba ka ba. Me ya sa? Don alƙalin hukuma mataki yake sokewa, kuma sai akwai mataki za a soke. Gaskiya ne masana doka za su ce maka shiru na wasu watanni ana lissafa shi a matsayin ƙi, kana iya kai ƙara a kansa. To daga wace rana za ka fara ƙirga, tunda ba ka da shaidar ranar da ka ajiye? Sai ka rubuta wa wanda ya yi maka shiru takardar roƙo, ka jira, ka rubuta wa na samansa, ka jira, kana lissafin wa'adi kamar mai lissafin idda, in ka kuskure da kwana kaɗan a ce ƙararka ta makara. Kawu ya iya karatu da rubutu da Faransanci, ya sha wuya haka. Ina ga tsohuwar da ta sayar da awakinta ta sayi fegi?

Shirun nan kasuwa ne. Yana da farashi, yana da dillalai, yana da ranar ci. Wanda ya biya, dosiyensa na saukowa daga "bisa" cikin mako guda, kuma ba a taɓa jin an ce masa ana nazari ba.

Nan ne nake son masu cewa "muna tsoron kuskure ne, shi ya sa muke jinkiri" su amsa mini tambaya. Gandun itatuwan da ya kewaye Yamai, wanda aka fara dasawa tun 1965 don ya tare wa birni iska da rairayi, hekta fiye da 2,000, yau ku je ku gani. Gidaje ne, da katangu, da takardu. Waɗannan takardun daga sama suka faɗo? Filayen da aka ware cikin unguwanni don lakkol da likita, aka wayi gari sun zama shaguna, wa ya sa musu hannu? Alƙalamin da ke rawa in ya ga dosiyen tsohon malami, ba ya rawa in ya ga na Alhaji ko na mai galo a kafaɗa. Ashe iyakar ba ta hana a yi rajistar haram ba. Halal ɗin talaka kawai take tarewa.

Wani zai ce, to mene ne na gaggawa, ai filin na nan, ba ya gudu. Yana gudu mana. Muddin sunan mai sayarwa ne a littafi, a idon hukuma shi ne mai fili. Zai iya sake sayarwa, kuma in na biyu ya riga ka rajista, kai da takardarka sai kallo. Zai iya mutuwa, magada su ce ba su san zance ba, ko su ce jingina ce ba ciniki ba. Ba ka iya kai takardar banki ka karɓi bashi ka yi gini ko ka ja jari. In hanya ta biyo ta kan filin aka zo biyan diyya, mai suna a takarda za a nema. Kowace shekara ta jinkiri, haƙƙinka na zuba kamar ruwa a kwando, shaidunka na tsufa, wasu na rasuwa.

Abin haushi, a kan takarda ƙasar nan ba ta rasa dokoki masu kyau ba. Dokar karkara ta 2 ga Maris 1993 ta ce haƙƙin da ya fito daga al'ada da wanda ya fito daga rubutacciyar doka kariyarsu ɗaya. Ita ta kawo kwamitocin filaye, su Kofo, tun daga ƙauye har kwamin har departama, don manomi ya samu shaidar saye ko gado ko aro ko jingina ba sai ya je babban birni ba. A 2006 aka shigo da titir mai sauƙi da aka raɗa wa suna Sheda, da Hausarmu, don a ce ko talaka ya samu. Madalla. Amma duk waɗannan hanyoyi a wuri ɗaya suke ƙarewa: hannun mutum guda da alƙalami. A ƙauye mai gari ne shugaban kwamitin, shi ne mai sa hannu a takardar ciniki, kuma in rigima ta tashi gabansa za a fara zuwa sulhu kafin a je kotu. In shi ne ya ƙi sa hannu, ko ɗan ɗakinsa ne ke son gonar, wurin wa za ka kai kuka? Sarakuna da yawa na riƙe amana, ban musa ba. Amma ba a gina doka a kan fatan mutum zai zama nagari.

A gari kuma, da can in ma'aikacin meri ya matsa maka, kana iya zuwa wurin kansilan unguwarku ka ce masa zaɓe na zuwa. Tun watan Afrilu na 2024 da aka rushe majalisun kwaminoni aka naɗa masu riƙo, wannan ƙofar ta rufe. Ba gardamar siyasa na zo yi ba, lissafi ne kawai: in ba wanda ka zaɓa a wurin, kotu ce kaɗai ta rage maka. In kuma hukuncin kotu takarda ce da ake karantawa a miƙo maka da hannu biyu, to me ya rage?

Ku gwada ma'auni. In Kawu ne ake bi bashi aka yi masa hukunci, husiye zai zo da jandarma, a fitar da katifa da firji a yi gwanjo gaban maƙwabta. In hukuma ce aka kayar, husiye zai kai takarda ya dawo, don dokar OHADA da ƙasarmu ke ciki ta kare dukiyar gwamnati daga kamu. Wannan ma da dalilinsa, ba wanda ke son a yi gwanjon motar asibiti. Amma sakamakon shi ne ma'aikacin da ya ƙi bin hukunci ba abin da ke taɓa shi. Albashinsa na zuwa, girmansa na ƙaruwa, in ma an yi tara baitulmali ne zai biya, wato ni da kai da Kawu. Mutum ya zalunce ka, sannan a ciri diyyar daga harajinka.

Abin da muke nema ba ya bukatar a rushe iyakar. Duk wanda ya ajiye dosiye a ba shi shaida mai kwanan wata da lamba, nan take, ko bai tambaya ba. A sa wa'adi sananne, a manna shi a bango da Faransanci da Hausa da Zabarmanci, tare da kuɗin da doka ta sa, don ɗan kamashon gindin dogon yaro ya nemi wata sana'a. In za a ƙi, a ƙi a rubuce, da dalili, da sunan mai ƙi. Ma'aikacin kirki ba ya tsoron wannan, shi ma kariya ce gare shi ranar da wani babba zai kira shi a waya ya ce sa hannu a kan burtali. Sannan in alƙali ya soke ƙin, kada ya tsaya rabin hanya. In dosiye cikakke ne ba mai ja, ya rubuta: a yi rajista cikin kwana kaza. In akwai abin da ya rage a bincika, ya rubuta: a sake dubawa a ba da amsa a rubuce cikin kwana kaza. Wa'adi ya wuce, tara ta fara gudu, kuma in ta tabbata taurin kai ne na mutum ɗaya, gwamnati ta juya ta cira daga albashinsa. Wata biyu aka yi haka, za ku ga dosiyoyin da suka ɓata shekara uku suna fitowa da ƙafarsu.

Ga alƙalanmu kuma, tun daga na ƙananan kotuna har Cour d'État da aka kafa a 2023: kuna hukunci da sunan al'umma. Ranar da ƙaramin ma'aikaci ya ninke hukuncinku ya mayar wa mai shi, ba Kawu kaɗai aka wulaƙanta ba. Kuma mutane na kallo. Wanda ya ga maƙwabcinsa ya bi shari'a shekara biyar ya ci bai samu komai ba, gobe in tasa ta taso ba lauya zai nema ba. Ko ya nemi ɗan kamasho, ko ya nemi sanda. Duk wanda ya san yadda rigimar gona ke ƙarewa a karkararmu lokacin shuka ya san ba ƙari nake yi ba.

Kawu na nan. Hukuncin na cikin leda, ledar na cikin akwati ƙarƙashin gado, tare da takardar ritayarsa. Har yanzu gidan haya yake. Ranar Juma'a da ta wuce ya kira ni bayan magariba, ya ce: "Ɗana, gobe ka zo da babur ka kai ni in ga filin nan. An ce mini wata mota ta juye yashi a ciki."